Marigayi Baba Yara: Ɗan zangon da ya zama Sarkin 'Yan Gefe na Afirka ta Yamma

A duk lokacin da aka ce Black Stars za ta karɓi baƙuncin wata ƙasa a Kumasi, sunan da ba ya barin bakin masu sharhi a rediyo shi ne filin wasa na Baba Yara. Matasan Nima da Maamobi sun san wannan suna kamar yunwar cikinsu, amma kaɗan ne daga cikinsu za su iya gaya maka ko wane ne mai sunan, balle su san cewa ɗan zango ne irinsu, wanda ya yi shekara takwas kacal yana taka leda a manyan filaye, ya yi shida a kan keken guragu, sannan Allah Ya karɓi abinSa yana ɗan shekara 32 a duniya.

Sunansa na yanka Usman Seidu, ko Osman Seidu kamar yadda jaridun Ghana ke rubutawa. An haife shi ranar 12 ga watan Oktoba na shekarar 1936, lokacin ƙasar tana hannun Turawan Ingila ana kiranta Gold Coast. Laƙabin da ya danne sunan kuwa bai buƙatar tafinta a wurin mai jin Hausa, kalmomi ne biyu namu na gida, baba da yara, kuma da su 'yan Asante da 'yan Ga da Fante suka riƙa kiransa har ya koma ga Mahaliccinsa.

Wani abin da jama'a ba su cika sani ba shi ne, kafin ƙwallo doki ya fara hawa. Daga 1950 zuwa 1955 yana cikin yaran da ke hawan dawakin sukuwa a filin sukuwa na Accra, birnin da mutanen zango ke kira Ankara. Wannan ba abin mamaki ba ne ga wanda ya san garin a wancan zamani. Doki ba ya daɗewa a kurmi saboda ƙudan tsando, daga arewa ake kawo shi, kuma galibin masu kiwonsa da masu yi masa hidima mutanen arewa ne mazauna zangunan birnin, irin su Tudu da Cow Lane da Sabon Zango. Ita kanta Nima a lokacin ba ta daɗe da tashi daga matsayin mashayar shanu ba. A shekarun 1930 ne Malam Amadu Futa ya samu filin daga hannun iyalan Odoi Kwao na Osu, kuma sai bayan Yaƙin Duniya na Biyu ta cika da tsofaffin sojoji da lebura da 'yan kasuwa, har ta tumbatsa ta haɗe da Maamobi. Mahayin dokin sukuwa dole ya zama marar nauyi, mai ƙarfin cinya, wanda ba ya rasa daidaiton jikinsa komai gudu. Waɗannan su ne abubuwan da ake nema a wurin ɗan wasan gefe, kuma da su ya sauka daga sirdi ya shiga fili.

Ya kamata mai karatu ya san yadda ƙwallo take a ƙasar a lokacin. A Ingila da Amurka, makarantu da jami'o'i ne suka raini wasannin ƙwallo, ɗalibai suka tsara dokoki, kwaleji ta kara da kwaleji. A Gold Coast ma 'yan makaranta ne suka buɗe ƙofar, domin ƙungiyar farko, Excelsior, ɗaliban makarantar gwamnati ta Cape Coast ne suka kafa ta a 1903. Sai dai ƙwallon ba ta zauna a harabar makaranta ba, ta tsallake katanga ta shiga unguwa. An kafa Hearts of Oak a Accra a 1911, Asante Kotoko kuma a Kumasi a 1935. Ko da aka buɗe Kwalejin Jami'a ta Gold Coast a 1948, wadda daga baya ta koma Legon, tafiyar da ba ta da nisa daga Nima, ƙungiyoyin gari sun riga sun kama zukatan jama'a. Daga baya hukumar wasanni ta kafa wata ƙungiya ta zaɓaɓɓun ɗalibai mai suna Academicals domin ta zama matattarar 'yan wasan ƙasa, amma wannan ƙofa ce da yawancin 'ya'yan zango ba su da mabuɗinta. Iyayensu makarantar allo suka sani, kuma suna ɗari-ɗari da makarantun mishan. Hanyar da ta rage wa yaron zango ita ce fegin bayan gida, da ƙwallon tsumma, da ƙafa ba takalmi.

A 1955 ne Baba Yara ya shiga Asante Kotoko, aka ba shi riga mai lamba bakwai, wato gefen dama. A cikin wannan shekarar aka kira shi ƙungiyar ƙasa, yana ɗan shekara 18 zuwa 19. Wasansa na farko ya faɗo a kan Nijeriya, a gasar kofin Jalco da ƙasashen biyu ke yi duk shekara, wannan karo a can wani karo a nan. A Accra aka yi, kuma Gold Coast ta lallasa baƙinta da ci bakwai da nema. Sabon yaron ya ci biyu da ƙafarsa, ya kuma buga wa abokansa huɗu suka zura. 'Yan'uwanmu na Nijeriya su yi haƙuri da tuna musu, amma har yau ba a taɓa yi wa ƙungiyarsu cin da ya kai wannan ba.

Daga nan sai tauraronsa ya ci gaba da haskawa. Kotoko ta ɗauki kofin ƙalubale na farko a 1958 bayan ta doke Hearts of Oak da ci 4 da 2, ta lashe gasar lig a 1959, ta sake ɗaukar kofin ƙalubale a 1960. Sau biyu ana zaɓensa gwarzon ɗan ƙwallon Ghana, a 1961 kuma aka ba shi lambar yabo mafi girma ta 'yan Black Stars. A wancan zamani ana jera 'yan gaba biyar ne, biyu a gefe uku a tsakiya, kuma aikin na gefe shi ne ya karɓi ƙwallo a bakin layi, ya yanke ɗan baya, ya gangara har kusurwa, sannan ya bugo ta inda ɗan tsakiya zai sa kai ko ƙafa. Shahararren ɗan gefen Ingila, Stanley Matthews, ya zo Accra a 1957 a matsayin baƙon Hearts of Oak, har aka naɗa shi sarautar Soccerhene, wato sarkin ƙwallo. Bayan tafiyarsa, mutanen Ghana suka ga suna da nasu na gida a wannan gurbi, suka ba shi laƙabin Sarkin 'Yan Gefe na Afirka ta Yamma. A sahun gaba na Black Stars yana dama, Mohammed Salisu yana hagu, Edward Acquah da Wilberforce Mfum da Aggrey Fynn suna tsakiya.

Zango da siyasar Nkrumah

Ba za a gane nauyin wannan ɗaukaka ba sai an duba halin da mutanen zango suke ciki a waɗannan shekaru. A 1954 aka kafa jam'iyyar Muslim Association Party, wadda ƙarfinta yake a zangunan Accra da Kumasi, kuma ta haɗa kai da 'yan adawa da CPP ta Kwame Nkrumah. 'Yan watanni bayan samun 'yancin kai a 1957, gwamnati ta kori manyan zangon Kumasi biyu, Alhaji Amadu Baba da Alhaji Usman Larden Lalemie, ta tura su Nijeriya a kan cewa ba 'yan ƙasa ba ne. Da suka kai ƙara kotu, sai majalisa ta yi doka ta musamman da sunayensu domin ta rufe maganar. A ƙarshen shekarar kuma aka haramta duk jam'iyyar da aka kafa a kan addini ko ƙabila ko yanki. To, a daidai lokacin da ake tambayar dattawan zango takardar haihuwa, wani ɗan zango ne ke sanye da rigar ƙasa, dubban mutane na miƙewa tsaye idan ƙwallo ta je ƙafarsa. Babu wanda ya tambaye shi daga ina kakanninsa suka zo.

Nkrumah ya ɗauki ƙwallo da muhimmanci fiye da kowane shugaban Afirka na zamaninsa. Yana ganin ta a matsayin igiyar da za ta ɗaure ƙabilun Ghana wuri guda, kuma tutar da za ta nuna wa duniya cewa baƙar fata ba ya bayan kowa. Mutumin da ya ɗora wa wannan aiki shi ne Ohene Djan, wanda ya zama shugaban hukumar ƙwallon ƙafa a 1957, sannan daraktan wasanni na ƙasa a 1960. Shi ya tsayar da gasar lig da ƙafafunta, ya ɗauko masu horarwa daga Turai, ya kuma tura C. K. Gyamfi Jamus ya koyo aikin koci a ƙungiyar Fortuna Dusseldorf.

A 1961 suka zo da wata sabuwar dabara. Aka kafa ƙungiya mai suna Real Republikans a Accra, an kwaikwayo sunan ne daga Real Madrid, jama'a kuma suna kiranta ƙungiyar Osagyefo ta kansa. Tsarin shi ne a ɗebo 'yan wasa biyu mafiya ƙwarewa daga kowace babbar ƙungiya a tara su wuri ɗaya, su riƙa wasa tare duk mako, ta yadda idan wasan ƙasa ya zo sun riga sun san ƙafar juna. Daga Kotoko aka ɗauki Baba Yara da ɗan baya Dogo Moro, dukkansu 'yan zango. Kumasi ta yi tsalle ta dire. Garin dama shi ne cibiyar adawa da Nkrumah, sai ga shi an zo an cire wa ƙungiyarsu ido biyu an kai Accra. Shugabannin Kotoko har barazanar ficewa daga gasar suka yi, amma hannun da ya ɗauka ya fi nasu ƙarfi. In za a faɗi gaskiya, dabarar ta yi wa Black Stars amfani, sai dai ƙwace ne aka yi masa kwalliya da sunan kishin ƙasa, kuma magoya bayan sauran ƙungiyoyi ba su taɓa yafe wa Republikans ba.

Haka Baba Yara ya dawo birnin da ya yi sukuwa yana yaro, wannan karon a matsayin ɗan wasan da ya fi kowa suna a ƙasar.

Kakar 1962 zuwa 1963

Wannan ita ce kakar da ya kamata ta zama ƙololuwar rayuwarsa. Republikans ta riga ta ɗauki kofin ƙalubale na 1962. A watan Agusta na shekarar, Real Madrid da kanta, mai kofin Turai biyar a jere, ta sauka Accra da su Alfredo Di Stefano da Ferenc Puskas, kuma Black Stars ta riƙe ta suka tashi uku da uku. A gasar lig, ƙungiyar Osagyefo tana ta tattara maki tana dosar kambu. Bugu da ƙari an riga an ba Ghana ɗaukar nauyin gasar cin kofin Afirka da za a yi a ƙarshen 1963, karo na farko da ƙasar za ta shiga gasar, kuma kowa ya san wanda zai sa riga lamba bakwai. Shekararsa 26, daidai lokacin da ƙarfi da wayo ke haɗuwa a jikin ɗan ƙwallo.

Ranar Lahadi 24 ga watan Maris na 1963, Republikans ta je Kpando a yankin Volta domin wasan lig da Volta Heroes. Ta ci biyar ba ko ɗaya. A hanyar dawowa Accra, a daidai Kpeve inda hanya ke ratsa tsaunuka, motar da ke ɗauke da 'yan wasan ta zame a wata kwana ta bugi gefen hanya. Da dama daga cikinsu sun ji raunuka, amma duk suka warke suka koma fili. Baba Yara ne kaɗai bugun ya same shi a gadon baya ya taɓa laka.

Laka ita ce igiyar da ke ɗauke da saƙo daga ƙwaƙwalwa zuwa gaɓoɓi, tana bi ta cikin ƙashin baya. Ƙashi idan ya karye yana ɗoruwa, amma laka idan ta yanke ba ta haɗewa, kuma duk abin da ke ƙasa da wurin raunin sai ya daina jin umarni. Likitoci ba su da maganin wannan a 1963, kuma har yanzu abin da ake iya yi shi ne rage ɓarna da koya wa majiyyaci sabuwar hanyar rayuwa.

An kai shi asibitin sojoji na 37 da ke Accra, wanda duk ɗan Nima da Maamobi ya sani domin yana bakin unguwa. Daga nan gwamnati ta ɗauke shi a jirgi zuwa Ingila tare da rakiyar likitan tiyata na asibitin, Dokta R. O. Addae, aka kwantar da shi a asibitin Stoke Mandeville. A wannan fanni babu inda ya fi shi a duniya a lokacin. Wani likita Bayahude da ya gudo daga Jamus ta Hitler, Ludwig Guttmann, shi ya buɗe sashen masu raunin laka a can a 1944 domin sojojin da suka ji ciwo a yaƙi, kuma shi ya fara haɗa wa majiyyatansa wasanni a kan keken guragu a 1948, abin da ya girma ya zama gasar Olamfik ta nakasassu. A nan dole a yaba wa gwamnatin Nkrumah, ba ta yi ƙyashin kuɗi ba. Rahotannin farko da suka iso gida sun sa rai cewa zai samu sauƙi cikin wata huɗu zuwa shida. Amma ranar 14 ga watan Agusta na 1963 jirgi ya sauke shi a Accra a kan keken guragu.

Abokan wasansa sun ƙarasa kakar ba tare da shi ba, suka lashe gasar lig, wadda ita ce ta farko kuma ta ƙarshe a tarihin Republikans, suka haɗa da kofin ƙalubale na 1963. A ƙarshen Nuwamba aka buɗe gasar Afirka da ƙasashe shida a Accra da Kumasi. Ghana ta yi kunnen doki ɗaya da ɗaya da Tunisiya, ta doke Habasha biyu da nema, sannan ranar 1 ga watan Disamba ta ci Sudan uku ba ko ɗaya a wasan ƙarshe. Aggrey Fynn ya ci ɗaya da bugun daga kai sai mai tsaron gida, Edward Acquah ya ci biyu, C. K. Gyamfi ne koci. Mutanen da ya yi shekaru yana buga wa ƙwallo su ne suka ɗaga kofin, a filin da ya saba, shi kuwa yana cikin garin ba ya iya miƙewa.

Wanda ciwo ya kama ba ya raina magani. Bayan likitocin Turai sun gaza, wani mai da'awar warkarwa ta hanyar addu'a ya fito ya ce zai tayar da shi, aka kuma kai shi wurinsa. Bayan 'yan makonni aka dawo da shi yadda aka kai shi.

Daga nan labarinsa ya fara ja da baya a jaridu. Sabbin taurari sun fito, musamman Osei Kofi na Kotoko, wanda ya gaji gefen dama ya kuma taimaka wa Ghana ta sake ɗaukar kofin Afirka a Tunisiya a 1965. Ranar 24 ga watan Fabrairu na 1966 sojoji da 'yan sanda suka kifar da gwamnatin Nkrumah yana kan hanyarsa ta zuwa Hanoi. Sabbin masu mulki suka rushe Real Republikans, 'yan wasanta suka watse, Ohene Djan ya rasa kujerarsa. Wato ƙungiyar da aka raba shi da Kotoko saboda ita, wadda ya karye a cikin motarta, ta daina wanzuwa, kuma mutanen da suka kawo shi Accra babu ɗayansu da ya rage a kan mulki. Ɗan ƙwallon wancan zamani ba ƙwararre ba ne mai kwantiragi da inshora irin na yau, suna ne da tafi kawai, sai ɗan aikin da aka sama masa a wata ma'aikata.

Ya rasu ranar Litinin 5 ga watan Mayu na 1969 a asibitin Korle Bu da ke Accra. Allah Ya jiƙansa, Ya sa ciwon ya zama kaffara.

Wata shida bayan rasuwarsa, ranar 18 ga watan Nuwamba, gwamnatin Dokta Kofi Busia ta fitar da dokar korar baƙi, ta ba duk wanda ba shi da takardar zama mako biyu ya bar ƙasar. Zanguna ne suka fi jin jiki. Dubun dubatar mutane suka hau manyan motoci zuwa Nijeriya da Nijar da Togo da Upper Volta, cikinsu har da waɗanda a Ghana aka yanke musu cibiya. Dattawan Nima da suka ga wannan lokaci ba su manta gidajen da aka sayar a kan kuɗin mota ba.

Duk da haka zango bai daina ba Ghana 'yan ƙwallo ba. Kotoko da ta ɗauki kofin zakarun Afirka na 1970 tana da Ibrahim Sunday da Malik Jabir da Abukari Gariba, kuma Sunday ne gwarzon Afirka na 1971. Abdul Razak na zangon Kumasi ya samu wannan kambu a 1978, shekarar da Ghana ta ɗauki kofin Afirka na uku a Accra, da Mohammed Polo ɗan Nima a cikin tawagar. Filin Kawukudi da ke maƙwabtaka da Maamobi, wanda sunansa ma Hausa ce, kawo kuɗi, ya ga ƙafafun yara da yawa da suka tashi daga ƙura suka kai ga rigar ƙasa.

Sai a 2004, shekara 35 bayan rasuwarsa, gwamnatin John Agyekum Kufuor, wanda shi kansa tsohon shugaban Kotoko ne, ta sa wa babban filin wasa na Kumasi sunan Baba Yara. A lokaci guda aka sa wa na Accra sunan Ohene Djan, amma wannan bai ɗore ba, hukumar birnin ta cire shi bayan 'yan shekaru saboda ƙorafin wasu 'yan ƙabilar Ga cewa ba ɗan garin ba ne. Na Baba Yara kuwa ya zauna daram. An sabunta filin domin gasar Afirka ta 2008, yana ɗaukar 'yan kallo kimanin 40,000. A cikinsa ne Ghana ta karɓi Nijeriya ranar 25 ga watan Maris na 2022 a wasan neman gurbin kofin duniya na Ƙatar, aka tashi babu ci, kafin a je Abuja a yi ɗaya da ɗaya Ghana ta wuce. Cikin waɗanda suka buga wa Black Stars a wannan dare har da Mohammed Kudus, haifaffen Nima, wanda ya fara ƙwallo a ƙungiyar yara ta Strong Tower da ke unguwar.